Baitin da Ban Rubuta Ba

Shekarun baya, lokacin ina shekara ta biyu a kwaleji a Gashua, yayana ya saka ni wani aiki da har yau in na tuna shi sai na ji raina ya sosu. Da yawanku kun san shi ta waƙoƙinsa, wasu ma kan turo mini saƙo suna cewa lallai na ji daɗi da na tashi gida ɗaya da mai jagorantar yabo irinsa. To yau bari in ba ku labarin daɗin.

Yayana tela ne kafin ya zama komai. Bai yi nisa a boko ba, yana aji uku na sakandare ya ce shi kam ya gaji, mahaifiyata ta kama hannunsa ta kai shi wajen wani tela a bakin kasuwa. A kan keken ɗinki waƙa ta same shi. Ƙafa tana taka keke, baki yana motsi, kafin ya gama riga ɗaya ya ƙirƙiro waƙa. Maigidansa Babarbare ne, Musulmi, mutum mai raha. Yakan ce masa, "In dai ba za ka ɗinka wa mutane hannun riga a wuya ba, yi ta yabon Allahnka." A coci kuwa da buga wa ƙungiyar zumuntar mata tulun kiɗa ya fara. Wata Lahadi mai ba da waƙa bai zo ba, matan suka tura shi gaba, tun daga ranar bai koma baya ba. Kafin a jima waƙoƙinsa sun kai Katuzu da Jakusko a wayoyin mutane, ba tare da ya taɓa shiga ɗakin ɗaukar murya ba.

Ni kuwa ba mu yi kama ba ko kaɗan. A coci kujerar kusa da taga nake zama, can baya, ina rubuta wa'azi da kwanan wata a sama. In malami ya kira ni a aji, muryata maƙalewa take yi. Amma a ba ni littafi da rula, a nan nake da baki.

A shekarar ne aka sa sunansa cikin waɗanda za su jagoranci yabo a babban taron ikilisiyoyin yankinmu da ake yi a Nguru. Ga mai waƙa a wajenmu, babu dandalin da ya fi wannan. Wanda ya tsaya a can, shi ake gayyata ko'ina shekara mai zuwa. Sai dai harkar waƙar taron tana hannun wani dattijo ne a Nguru, tsohon ma'aikacin jirgin ƙasa, wanda yake koyar da kwaya, wato ƙungiyar mawaƙan coci, tun kafin a haife ni. Ya aiko wa fastonmu da sharaɗi biyu. Na farko, a kawo masa waƙoƙin a rubuce, don dattawa su duba kalmomin, a kuma buga wa jama'a, tunda a taron akwai waɗanda Hausarsu ba ta nuna ba. Na biyu, bayan mako huɗu zai zo Gashua da kansa ya ji yaron da kunnensa.

Yayana ya shigo gida da labarin yana dariya, ya nuna ni da yatsa.

"Ga sakatariya nan, Allah ya riga ya tanadar mini."

Mahaifiyata ta ce, "Ai kuwa. Biron nan da take ta ƙararwa yau ya samu aikin Ubangiji."

Gaskiya na ji daɗi. Na sayi sabon littafi mai kauri, na ja layi a gefen kowane shafi, na ware shafi biyu ga kowace waƙa. A lissafina kwana uku sun ishe ni.

Washegari bayan lacca na same shi a shago. Na ce, "Yaya, faɗo mini a hankali, layi bayan layi."

Ya kalli rufi, ya buɗe baki, ya rufe.

"Ba ta faɗuwa. Sai dai in rera."

"To rera."

"Sai ina taka keke."

Haka na zauna a kan benci cikin ƙyallaye, keke yana ƙara, ina kasa kunne ina tsinto kalmomi. Na samu waƙa biyu a ranar. Na koma gida na kwafe su da kyakkyawan rubutu. Da na dawo washegari na karanta masa ta farko don ya tabbatar, sai ya ɗago kai yana kallona kamar na zage shi.

"Wa ya ce haka?"

"Kai. Jiya. A kan kujerar nan."

"A'a, ai ba haka take ba. Saurara."

Ya taka keke, ya rero mini wasu baitoci da ban taɓa ji ba, a kan karin nan dai na jiya.

Na ce, "To wanne ne daidai, na jiya ko na yau?"

Ya ce, "Duka."

Ban soke na jiya ba, don ni ba na soke abu sai na tabbatar. Na buɗe sabon shafi, na sa kwanan wata. Daga nan na fara binsa duk inda zai yi waƙa, wai ko zan kama ainihin waƙar a bakinsa in yana gaban mutane. Na bi shi addu'ar Laraba. Na bi shi gidan wata mata da mijinta ya rasu, ruwa kuma ya cinye mata shinkafa a fadama. Na bi shi gidan wani ɗan sanda ɗan kudu da aka yi wa haihuwa. Kamar yadda na saba, a saman kowane shafi nakan rubuta rana da wuri da waɗanda suke wajen, ba don wani dalili ba, hannuna ne kawai ba ya iya barin wurin a buɗe. Cikin mako biyu, waƙa guda ɗaya ta cinye mini shafi goma sha huɗu. Iri bakwai, babu biyun da suka zo ɗaya.

Na kai ƙara wajen mahaifiyata tana tsince wake. Ko ɗagowa ba ta yi ba.

"Shi tun yana yaro bai taɓa ba da labari iri ɗaya sau biyu ba. Ke kuma in aka canza miki kalma ɗaya a tatsuniya sai kuka. Ni da na haife ku duka, wajen wa zan kai tawa ƙarar?"

Da na ga saura kwana goma, sai na yanke hukunci ni kaɗai. Daga kowace waƙa na zaɓi baitocin da suka fi yi mini, na jera su, na kai shagon buga takardu aka buga mini waƙa takwas tsaf. Na aika wa dattijon nasa ta hannun wani direba, na kawo wa yayana nasa. Mutane suna cewa ina da kunya, amma wannan a waje ne. A gida ranar har tsayawa na yi a kansa.

"Daga yau wannan ce waƙar. Ranar Lahadi abin da ke takardar nan za ka rera, ba ƙari ba ragi. Dattijon nan na Nguru zai zo da tasa yana bi. Ka yi mini alkawari."

Ya juya takardar gaba da baya.

"Sakatariya, in ina kallon takarda, wa zai kalli mutane?"

"Mutane ba guduwa za su yi ba. Alkawari nake jira."

Ya yi mini. Yayana yana da halaye masu ban haushi da yawa, amma ba ya saɓa alkawari, kuma na san da haka lokacin da na matsa masa.

Lahadin ta zo. Dattijon ya iso tun kafin a buɗe ƙofa, dogo, siriri, da sanda da tabarau a rataye a wuya. Aka ba shi kujera a gaba. Da lokacin yabo ya yi, yayana ya fito riƙe da takardata, matan zumunta suka ɗauki kiɗa. Abin da na manta, ni da nake ganin ba na manta komai, shi ne yayana ba ya karatu da sauri. Sai ya ɗora yatsa a layi. Kiɗa ya yi gaba, shi yana baya yana haɗa kalma. Masu tulu suka rage gudu don su jira shi, da ya kamo su sai ya rasa layin da yake. Kansa a sunkuye tun daga farko har ƙarshe, muryar nan da ke cika coci ba lasifika ta koma kamar ta mai karanta sanarwa. Jama'a suna amsawa, amma irin amsawar da ake yi don kada a bar mutum shi kaɗai. Wata tsohuwa a gabana ta juyo ta tambayi ta kusa da ita, da ƙarfi don ba ta ji sosai, "Yaron nan lafiyarsa kuwa?"

Bayan an tashi, dattijon ya tsaya a bakin ƙofa da fastonmu. Ya ɗaga takardar.

"Wa ya yi wannan aikin?"

Aka nuna ni. Ya ce, "Madalla, 'yata. Tsaf, babu kuskure ko ɗaya." Sannan ya juya wajen yayana. "Kai kuma murya akwai, amma jagoranci ba haka yake ba. Bana ka shiga layin baya na kwaya ka koya. In Allah ya kai mu wata shekarar, ma gani."

Abin kunyar da ban taɓa gaya wa kowa ba sai yau, da ya ce madalla sai da na ji sanyi a raina, kafin sauran maganar ta iso kunnena.

Yayana bai ce mini komai ba. Da ma faɗa ya yi, da na samu abin mayarwa. Ya ci abinci, ya tafi shago, ya dawo, ya gaishe ni kamar kullum. Sai dai waƙa ta ɗauke. Kwana huɗu ba a ji ko gunaguninsa a gidan ba. Na bi ta kasuwa maigidansa ya tare ni.

"Ke, me kuka yi wa yaron nan a cocinku? Keke sai ƙara yake shi kaɗai, shago ya zama kamar gidan makoki. Jiya har ni na ce ya yi waƙa, ya ce mini wai maƙogwaro."

Mahaifiyata kuwa in ta bar Hausa ta koma yarenmu na Badanci, to magana ta ɓaci. Da Badanci ta kira ni ɗaki. Ba ta daɗe ba. Ta ce ta aike ni in rubuta abin da ɗanta yake rerawa ne, ba ta aike ni in koya masa abin da zai rera ba.

Na fito raina a ɓace, don a ganina ni aka zalunta. Mako uku ina bin mutum gida-gida, ga jarrabawa a gabana, ƙarshe ni ce mai laifi? Da la'asar ɗin nan na shimfiɗa tabarma a ƙarƙashin darbejiyar tsakar gida, na ɗauko littafin da jan biro. Niyyata in ja layi a ƙarƙashin duk kalmar da ya canza, in kai wa mahaifiyata ta ga irin mutumin da take karewa.

Na fara da waƙar nan mai iri bakwai. Shafi ya yi ja, na juya, na gaba ma ya yi ja. Sai na lura a kowane shafi akwai layi biyu da biron bai taɓa ba. Amshi ne, wato abin da jama'a ke maimaitawa bayan kowane baiti: "Ba ka bar ni a bakin ruwa ba, Ubangiji, kai ka haye da ni." Na duba iri bakwai ɗin, ko harafi bai motsa ba. Na duba sauran waƙoƙin, haka. Duk surutun da nake yi cewa ba ya tsayawa a kan magana ɗaya, ashe rabon jama'a bai taɓa taɓa shi ba.

Sai idona ya kai saman shafukan, inda na rubuta wuri da mutane. A gidan matar da ruwa ya ci wa shinkafa, baitocin duk a kan wanda ya shuka bai girba ba ne, da Allahn da bai manta da shi ba. A gidan ɗan sandan, a kan baƙo ne da ya yi nisa da danginsa, aka ba shi ɗa a ƙasar da bai san kowa ba. A addu'ar Laraba da aka yi makon jarrabawar 'yan sakandare, har masu fargabar sakamako sun samu baitinsu. Na ɗauko Littafi Mai Tsarki na mahaifiyata, wanda take karanta mana kowace safiya, na fara bi. Kusan kowane baiti na samo ayar da ya jingina da ita. Na rubuta su a gefe da fensir.

Ban ji wani farin ciki ba, kada in yi muku ƙarya. Haushi ne ya ƙaru. Mutum yana da tsari irin wannan, mako uku ina tambayarsa, abin da zai iya ce mini kawai shi ne "duka"?

Ranar Asabar na ce wa mahaifiyata zan je Nguru. Ta kalle ni, ta kalli littafin da ke hannuna, ta ce in gaishe su. Na shiga mota a tasha. Ƙarshen damina ne, ruwa kwance dama da hagu, ni kuwa tun daga Gashua har muka wuce Jajimaji ina maimaita jawabina a zuci. Na tsara shi kashi uku. Da na isa ƙofar gidan dattijon, kashi ukun suka watse. Na tsaya a jikin katanga na fi minti ashirin, in ɗaga hannu zan ƙwanƙwasa in sauke. Matarsa ce ta dawo daga cefane ta same ni.

"'Yan mata, katangar ce kika zo gaisarwa ko mutanen gidan?"

Ta ja ni ciki. Yana zaune a baranda yana gyara wani tsohon littafin waƙa da zare da allura. Na durƙusa na gaishe shi. Ya ce in faɗi abin da ke tafe da ni. Abin da ya fito daga bakina shi ne, "Baba, takardar nan ƙarya ce."

Ya sa tabarau.

"Wace takarda?"

"Wadda ka ce ta yi kyau. Ni na haɗa ta. Ba haka yake waƙa ba. Ni na tilasta masa."

Na miƙa masa littafin. Ya buɗe. Ya daɗe yana karantawa, yana juya shafi yana komawa baya. Matarsa ta kawo mini ruwa na shanye, ta ƙaro. Can ya tura ta ta ɗauko masa nasa Littafi Mai Tsarki, ya duba ayoyi uku ko huɗu daga cikin waɗanda na rubuta a gefe. A ɗaya ya ce na yi kuskuren lamba, ya gyara da fensirinsa. Na so in nutse a wajen.

Ya rufe littafin ya ɗora hannu a kai.

"Na ga abin da kike nufi. Amma bari in gaya miki abin da ya sa nake neman takarda. Ba don ina son wahalar da yara ba ne. Wata shekara mun ba wani mai irin wannan baiwar makirufo. Yana cikin yabo wani mai kuɗi ya shigo. Kafin mu ankara waƙar Ubangiji ta koma kirarin mutum, har da sunan kakansa. Mutumin ya tashi yana yi masa liƙi a gaban bagaden coci. Ni na sa shi a tsarin, ni na sha kunyar. Tun ranar na ce wanda ban san abin da zai fito daga bakinsa ba, ba zai riƙe makirufo a taron da nake ba."

Na ce, "Yayana ba zai yi haka ba."

"Kin sani, ko kina fata?"

Gaskiya ban taɓa ganinsa a gaban mai kuɗi ba. Sai na ce, "Baba, shafi sittin ne a nan. Babu sunan mutum ko ɗaya."

Ya sake buɗewa kamar zai ƙirga. Daga ƙarshe ya ce to. Za a buga amshi kawai a raba wa jama'a. Za a ba yayana rabin awa ranar Asabar ɗin taron da safe. Amma ni zan zauna kusa da shi a gaba, in rubuta duk abin da ya fito daga bakin yayana, don in dattawa sun yi tambaya a samu abin nunawa. In kuwa ya kauce, da kansa zai tashi ya karɓe makirufon a gaban kowa, kuma ba zai sake tsayawa a taron ba muddin yana raye.

Da na koma Gashua na gaya wa yayana, ban samu ko na gode ba. Ya dakatar da keke yana kallona.

"Ke kika je Nguru? Ke kaɗai? Kika yi magana? Da baki?"

"Yaya, ka ji sharaɗin kuwa?"

"Na ji. Amma tsaya, da kika shiga, shi ya fara magana ko ke?"

Kafin in bar shagon ya koma waƙa.

Ranar taron aka kafa rumfuna a filin coci a Nguru, duk da haka ba su ɗauke jama'a ba. Mutanen ƙauyuka da suka zo a a-kori-kura, wasu ma sai da suka tuɓe takalma suka ratsa ruwa kafin su kai titi, da yawansu a tsaye suke a rana. Ni ina gaba kusa da dattijon, wurin da ban taɓa zama ba a rayuwata, da biro biyu ko ɗaya zai ƙare. Yayana ya fito hannu babu komai. Ya tsaya ya bi jama'a da kallo, ya ba da amshi sau biyu, suka karɓa daga takarda, a na uku ba wanda ya ƙara duba ta. Ya shiga baitoci. Ina rubutu hannuna har zafi yake. Na samu na farko, na samu na biyu, na samu na biyar. Na saci kallon dattijon, na ga sandarsa tana taɓa ƙasa daidai da tulu.

Sai ga motoci biyu sun tsaya a bakin fili. Wani babban mutum ne, ɗan siyasa, da mutanensa. Masu zaunar da jama'a suka ruɗe, suka fara tayar da wasu tsofaffin mata daga layin gaba don a ba baƙi kujeru. Kawuna duk suka juya. Yayana ma ya juya, yana kallon mutumin yana tahowa, amshi kuma ya kusa ƙarewa, dole baiti na gaba ya fito. Sandar dattijon ta daina motsi. Na ga ya dafa hannun kujera ya ɗan ɗaga jikinsa.

Yayana ya ɗauke ido daga kan baƙon ya mayar kan tsofaffin da aka tayar, suna tsaye riƙe da jakunkunansu ba su san inda za su nufa ba. Ya rera musu. Abin da zan iya gaya muku kawai shi ne baitin ya yi maganar waɗanda suka iso tun da sassafe da ƙafa a jiƙe, da cewa a gidan da za mu je babu mai tayar da wani daga mazauninsa, wanda ya zo a mota da wanda ya zo a ƙasa ƙofa ɗaya za su shiga. Babu zagi a ciki, babu habaici mai ciwo, har marhabin ya yi wa baƙon. Amma da jama'a suka ɗauki amshi, sai da na ji rumfar tana rawa. Babban mutumin ya tsaya cak, ya yi wa mutanensa alama da hannu, aka mayar da tsofaffin kujerunsu, shi kuma ya samu benci a gefe.

Dattijon ya koma ya zauna. Ya cire tabarau ya goge, ya mayar. Rabin awa ta cika, ya duba agogo, bai tsayar da yayana ba. Can ya sunkuyo wajena.

"Baitin da ya yi wa tsofaffin nan, ba ni in gani."

Na kalli littafin. Biro yana hannuna, shafi fari fat. Tun lokacin da motocin nan suka tsaya ban rubuta ko harafi ba.

"Baba, ban rubuta ba."

"Ba ki rubuta ba?"

"Tsoro ne ya kama ni."

Ya daɗe yana kallona. "Aiki ɗaya na ba ki, 'yata."

Ana tashi na ruga na samu yayana a bayan rumfa yana shan ruwa, mutane sun kewaye shi. Na kutsa, ni da ba na kutsawa.

"Yaya, baitin tsofaffin nan, maimaita mini yanzu kafin ya gudu."

"Wanne?"

"Wanda ka yi da mutumin nan ya shigo!"

Ya yi tunani da gaske, har da rufe ido. Sannan ya rero mini wani abu mai daɗi, wanda ko kusa ba shi ba ne.

Dattijon bai karɓi makirufo ba, washegari ma shi ya ce a sake ba yayana. Daga wannan taron aka fara kiransa garuruwa, har ya bar ɗinki sai jefi-jefi, ya shiga ɗakin ɗaukar murya, ya zama wanda kuka sani yau. Baitin kuwa na neme shi har na gaji. A lokacin ba kowa ke ɗaukar bidiyo ba, wanda na samu ya ɗauka kuma ya juya wayarsa wajen motoci, ba a jin komai sai hayaniya. Na tambayi matan zumunta, na tambayi 'yan kwaya, na tambayi biyu daga cikin tsofaffin da aka tayar. Kowa ya rantse mini ya riƙe shi, kowa ya rero mini nasa daban. Dattijon kansa, kafin ya rasu, ya ba ni wani iri, ya ce shi ne sahihi.

Abin da na koya ba mai yawa ba ne. Na daina ɗauka cewa duk abin da bai yi kama da tsarina ba rashin tsari ne, ko da yake har yanzu sai na tuna wa kaina. Na kuma gane cewa saura kaɗan in raba mutum da aikin da aka kira shi ya yi, da kyakkyawar niyya da kyakkyawan rubutu. Wannan yakan sa ni yin shiru in na ji bakina yana ƙaiƙayin gyara wa wani.

Amma kada ku ɗauka na huce. Na rubuta wa mutumin nan baitoci sun fi ƙarfin ƙirga, masu kyau da marasa kyau, har da wanda ya yi wa akuyar maƙwabta da ta shigo coci. Guda ɗaya da ya buɗe masa hanya, wanda kowa a Nguru yake cewa yana wajen, shi ne babu. Duk wanda ya ce muku ya san kalmominsa, ku saurare shi da ladabi, ku yi masa godiya. Ni ina layin gaba da biro biyu, kuma ban san su ba.